Martani: Tsohon Hannu Ma Yana Buƙatar Bita

Makalar nan da wani Malam daga Kawo ya rubuta kwanan baya, wadda a cikinta ya nemi a soke sharaɗin halartar bita kafin a sabunta wa nas lasisi, ta zaga asibitocin Kaduna fiye da yadda shi kansa zai zata. An karanta ta a ɗakunan hutun ma'aikata, an tura wa juna ita a waya, ƙannenmu da yawa kuma sun ce ya sosa musu inda yake musu ƙaiƙayi. Hujja huɗu ya kawo. Ya ce bitar hanya ce ta tatsar ma'aikaciyar da albashinta ba ya kai ta ƙarshen wata. Ya ce wadda ta shekara ashirin tana karɓar haihuwa ba ta da abin da za a koya mata a zaure cikin kwana biyar. Ya ce asibitocinmu ba su da isassun ma'aikata, don haka janye nas daga bakin aiki na mako guda cutar da majinyata ne. Sannan ya rufe da cewa irin waɗannan sharuɗɗa ne ke sa 'ya'yanmu tattara komatsansu su nufi Ingila da Saudiyya.

Malam, kukan da ka yi na gaskiya ne, mu da muka tsufa a ɗakin haihuwa ma mun riga ka yin sa. Inda muka rabu da kai shi ne abin da ka ce a yi.

Bari mu fara da sharaɗin kansa, saboda masu karatun da ba na asibiti ba. Hukumar Kula da Aikin Jinya da Ungozoma ta Nijeriya, wadda doka mai lamba 89 ta shekarar 1979 ta kafa, ita ke yi wa kowace nas da ungozomar asibiti rajista, mace ko namiji, ita kuma ke ba da lasisin aiki. Lasisin na shekara uku ne. Tun 2010 hukumar ta shigo da shirin ƙaro ilimi na dole, wanda ma'aikata ke kira MCPDP a taƙaice. Wadda za ta sabunta lasisi sai ta nuna ta tara maki shida a cikin shekara ukun nan, aƙalla uku daga bitar hukumar, sauran kuma daga tarukan ƙara wa juna sani da hukumar ta amince da su, har da darussan intanet. Ba kuma nas kaɗai aka ɗora wa wannan ba. Likita a ƙasar nan duk shekara yake sabunta nasa lasisin, kuma ana neman maki 20 daga gare shi kowace shekara. Masu haɗa magunguna ma suna da nasu tsarin. Wanda ya karanta makalar Malam zai ɗauka nas aka ware don a ƙuntata mata, alhali ba haka lamarin yake ba.

Hujjar da ta fi shiga ran mutane ita ce ta biyu, wato daɗewa a aiki ya wadatar, don haka a kanta zan fi tsayawa. Babu mai musun darajar tsohon hannu. Sistar da ta daɗe tana aikin dare tana iya duban fuskar mai naƙuda ta san akwai matsala kafin na'ura ta nuna. Sai dai daɗewa tana ƙara wa mutum gwaninta ne a kan abin da aka koya masa tun farko. In abin da aka koya masa ya canza, daɗewar ce ma ke sa barinsa ya yi masa wuya.

Ɗauki zubar jini bayan haihuwa, wanda shi ne kan gaba wajen kashe masu haihuwa a duniya. Dukkanmu an koya mana mu kimanta jinin da ido: mu dubi zanen gado, mu dubi tsumma, mu dubi ƙasa, mu ce wannan daidai ne ko wannan ya yi yawa. Kowace tsohuwar ungozoma tana alfahari da idonta a wannan fanni. A watan Mayun 2023 aka fitar da sakamakon wani babban bincike mai suna E-MOTIVE, wanda aka gudanar a asibitoci 80 a Nijeriya da Kenya da Tanzaniya da Afirka ta Kudu, a kan mata sama da 200,000. Farfesa Hadiza Galadanci ta Jami'ar Bayero, Kano, ita ta jagoranci ɓangaren Nijeriya. A asibitocin da suka ci gaba da aiki yadda aka saba, kusan rabin matan da suka zubar da jini fiye da kima ne kawai aka gano. A inda aka shimfiɗa wa mai haihuwa wata leda mai ma'auni da ke tara jinin, an gano kashi 93 cikin 100. Da zarar ma'aunin ya nuna haɗari, sai a yi komai a tare, ba ɗaya bayan ɗaya ba: a murza mahaifa, a yi allurar oksitosin, a ba da tiranekzamik, a ɗaura ƙarin ruwa, a duba inda jinin ke fitowa, a kira na gaba in bai tsaya ba. Da wannan tsari, mummunar zubar jini da tiyata da mutuwar da take jawowa suka ragu da kashi 60 cikin 100.

Malam, ka lura da abin da wannan yake nufi. Ma'aikatan da rabin matan nan suka kuɓuce wa idonsu ba 'yan koyo ba ne. Gogaggu ne, irin waɗanda ka ce ba su da sauran abin koyo. Kuma duk wadda ta gama makaranta kafin 2023 ba ta ga wannan tsari a littafin da ta ci jarrabawa da shi ba. Ko maganin tiranekzamik ɗin, sai a 2017 wani bincike a kan mata 20,000, wanda asibitocin Nijeriya suka shiga, ya tabbatar da cewa in aka ba da shi cikin awa uku da haihuwa yana rage mutuwa ta zubar jini da kusan kashi ɗaya cikin uku. Wadda ba ta san da iyakar awa ukun nan ba, ko maganin yana cikin kabad ɗinta, za ta iya jinkirta shi har ya rasa amfani.

Ga kuma jijjigar masu ciki, wadda kowane gida a ƙasar Hausa ya san ta. Tun 1995 bincike ya nuna maganiziyam salfet ya fi dayazifam nesa ba kusa ba wajen hana jijjigar dawowa. Amma shekaru bayan haka dayazifam ake ta yi wa mata a asibitocinmu, don shi hannu ya saba da shi, sabon kuma ana jin tsoronsa. Sai a 2008, lokacin da aka horar da likitoci da ungozomomi a manyan asibitoci 10 na jihar Kano aka kuma kai musu maganin, mutuwar masu jijjiga a waɗannan asibitoci ta faɗo daga kusan kashi 21 cikin 100 zuwa kashi 2 da 'yan kai. Shekara 13 ke nan tsakanin gano gaskiya da isowarta gadon mai naƙuda. Ilimin bai taka da ƙafarsa ya zo ba, sai da aka tara mutane aka koya musu.

Jerin yana da tsawo. Kulorakwin da muka tashi muna rabawa kamar gyaɗa, Nijeriya ta daina ɗaukar sa a matsayin maganin farko na zazzaɓin cizon sauro a 2005. Yaron da zazzaɓi ya yi wa tsanani, da kwinin muke ɗaura masa a ruwa. Yau allurar atesunet ce, bayan binciken 2010 a ƙasashen Afirka 9 ya nuna ta fi ceton rai. Cibiyar jariri da muke gogewa da sifirit, yanzu man kulohekzidin ake shafa mata, kuma jihar Sakkwato ce ta fara rungumar sa a 2013. Da, da zarar jariri ya faɗo ake yanke cibiya, a yi masa wanka. Yanzu ana jira minti ɗaya zuwa uku kafin a yanke, a ɗora shi a ƙirjin uwarsa, a jinkirta wankan. Awo da ake cewa sau huɗu ya isa, Hukumar Lafiya ta Duniya ta mayar da shi sau takwas a 2016. Duk waɗannan sun faru ne a cikin rayuwar aikin mutum ɗaya. Ita wadda ta shekara ashirin ɗin da Malam yake misali da ita, kusan duk abin da na lissafa ya canza ne bayan ta karɓi takardarta.

Akwai kuma cututtukan da daɗewa ba ta koya wa kowa, don ba kullum suke zuwa ba. Da mashaƙo ya ɓarke a Kano a ƙarshen 2022, ya kuma ɓulla a Kafanchan a tsakiyar 2023, da yawa cikinmu a littafi kawai muka san shi. A watan Fabrairun 2024 zazzaɓin Lassa ya shiga Asibitin Sojoji na 44 a nan cikin gari, aka rasa majinyaci da ma'aikatan asibitin uku, Allah Ya jiƙansu. Ban kawo wannan don in ce wani ya yi sakaci ba. Na kawo shi ne don a ga cewa sanin yadda ake zargin cuta da wuri, da keɓe mai ita, da sa kayan kariya da cire su, ba majinyaci kaɗai yake karewa ba. Ita nas ɗin da 'ya'yanta da ke jiran ta a gida suna cikin waɗanda yake karewa.

A ƙasar da Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa mata 82,000 suka mutu ta dalilin ciki da haihuwa a shekarar 2020 kaɗai, fiye da kashi ɗaya cikin huɗu na duk duniya, ba na jin muna da halin da za mu ce abin da muka sani ya ishe mu. Matar da aka ɗauko a Keke Napep daga Rafin Guza ko Hayin Banki da tsakar dare ba ta da damar tambayar nas yaushe rabonta da ƙaro ilimi. Lasisin ne yake yi mata wannan tambaya. In aka cire sharaɗin, lasisi ya koma shaidar cewa an taɓa cin jarrabawa a wata shekara, an kuma biya kuɗi.

Wani zai ce, to a bar shi ganin dama mana, mai so ta je. A nan ne nake ganin Malam bai duba wa sokewar za ta fi cutarwa ba. Nas ɗin Asibitin Koyarwa na Barau Dikko ba za ta rasa komai ba. Tana tare da manyan likitoci da ɗalibai, ana zagayen duba marasa lafiya kullum, ana tarukan sashe, sabon abu yana iso mata ko ba ta nema ba. Haka na Cibiyar Ido ta Ƙasa da Cibiyar Kunne ta Ƙasa, waɗanda kowacce ke da makarantar ƙwarewa ta nas-nas. Ƙungiyoyin agaji ma in sun zo da bita, asibitocin gwamnati suke nufa, sau da yawa kuma fuskokin da aka saba gani ne ke zuwa. Amma ita wadda ke aiki a ƙaramin asibitin kuɗi a lungun Badarawa ko Unguwar Dosa ko Rigasa, ita kaɗai a duti, ita ce mai allura, ita ce mai karɓar haihuwa, wa zai tuna da ita? Mai asibitin ba zai sake ta kwana biyar don Allah ba. Abin da kawai yake sa shi sakin ta shi ne sanin cewa in lasisinta ya mutu, shi ma yana cikin matsala. Dolen da Malam ke kuka da ita, ita ce kaɗai madogarar wannan baiwar Allah in ta je neman izini. A soke ta, manyan asibitoci su ci gaba da sanin abin da suka sani, ƙanana kuma, inda talaka ya fi zuwa don kusa ne, su tsaya inda suke.

Batun guduwa waje kuwa, gaskiya ne ana tafiya. A farkon 2024 magatakardan hukumar na lokacin, Dakta Faruk Umar Abubakar, ya ce nas-nas 42,000 suka bar ƙasar cikin shekara uku, sama da 15,000 a 2023 kaɗai. Amma mu tambayi kanmu ina suke zuwa. A Ingila, tun watan Afrilun 2016, duk shekara uku sai nas ta nuna ta yi aiki na awa 450, ta yi awa 35 na ƙaro ilimi wanda 20 daga ciki tare da wasu ne, ta kawo ra'ayoyi biyar da aka bayar a kan aikinta, ta rubuta nazari biyar a kan abin da ta koya, sannan wani ya sa hannu ya tabbatar. Sun tsaurara haka ne bayan abin kunyar asibitin Stafford, inda sakaci ya jawo wa majinyata wahala da mutuwa, aka yi bincike aka fitar da rahoto a 2013. Wadda ta gudu daga Kaduna don tsoron bita, ta gudu zuwa inda sharaɗin ya fi yawa. Ma'aikatan kansu sun faɗi abin da ke damun su. Da suka yi zanga-zanga a Abuja da Legas a Fabrairun 2024, a kan sabuwar ƙa'idar tantance takardu ce, wadda ta ce sai an yi aikin shekara biyu kafin a tantance wa mai son fita. Da nas-nas na asibitocin tarayya suka shiga yajin aikin gargaɗi a ƙarshen Yulin 2025, abin da suka sa a gaba shi ne alawus da tsarin albashi da ɗaukar ƙarin ma'aikata. Albashi da yawan aiki da rashin tsaro ke korar mutane, Malam, kada mu ɗora wa bita laifin da ba nata ba.

Saura hujja ta farko da ta uku, kuɗi da ƙarancin ma'aikata, kuma a nan ina tare da kai fiye da yadda kake zato. Ba daidai ba ne nas ta biya kuɗin bita, da na mota, da na abinci, da na masauki in daga nesa ta zo, sannan ta biya na lasisi, duk daga albashin da ba ya isar ta. Ba daidai ba ne a tara ɗaruruwan mutane a zaure ɗaya, mai koyarwa yana karanto abin da ke kan allo, na baya ba sa ji, wasu suna barcin gajiyar aikin dare. Na taɓa zama a irin wannan bita inda ungozoma da nas ɗin ido da ta masu taɓin hankali duk darasi ɗaya aka yi mana, kowa ya karɓi takarda ya kama gabansa. Mun kuma san akwai masu sa a rubuta musu suna ba tare da sun leƙo ba. Wanda ya ga wannan ya ce kasuwanci ne, ba za a ce ya yi ƙarya ba. Amma gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba. Ga abin da nake ganin ya kamata mu nema.

Na ɗaya, kuɗin ya koma kan mai ɗaukar aiki. Asibitin da ke cin amfanin ilimin nas shi ya kamata ya biya. Ma'aikatar Lafiya ta Jihar Kaduna ta sa shi a kasafinta na shekara domin ma'aikatanta, tun daga Babban Asibitin Kawo da na Yusuf Ɗantsoho har zuwa cibiyoyin lafiya na mazaɓu 255 na jihar. Asibitocin kuɗi kuma, tunda ma'aikatar ce ke yi musu rajista, kada a sabunta wa kowanne sai ya nuna ya saki nas-nas ɗinsa sun je bita, ya biya musu, bai kuma yanke musu albashin kwanakin ba.

Na biyu, a kai bitar inda ake aikin. Wannan shi ne amsar kukan ƙarancin ma'aikata. Maimakon kwana biyar a jere sau ɗaya a shekara uku, a rarraba ta awa biyu ko uku a wata, a cikin ɗakin haihuwa ko ɗakin yara, da mutum-mutumin koyo da kayan da ma'aikatan ke amfani da su kullum, hukumar kuma ta riƙa lissafa shi a matsayin maki. An gwada irin wannan a jihohin Kogi da Ebonyi, aka ga abin da aka koya ya fi zama a hannu fiye da na waɗanda aka kwasa zuwa zaure. Wani babban nazari da aka fitar a 2018, wanda ya tattara ɗaruruwan bincike daga ƙasashe masu tasowa, ya nuna horo shi kaɗai yana gyara aiki daidai gwargwado, amma in aka haɗa shi da sa ido na na-gaba amfanin yana kusan ninkawa. Arewacin kogin Kaduna ba ya rasa masu koyarwa: ga Barau Dikko, ga cibiyoyin ido da kunne, ga Asibitin 44, ga makarantar ungozoma ta Tudun Wada. Su ma na Birnin Gwari da Giwa, mai koyarwa ɗaya ya je musu ya fi a ce su ashirin su hau hanya.

Na uku, darasi ya dace da aikin mutum. Ungozoma ta sami makinta a kan zubar jini da jijjiga da farfaɗo da jaririn da bai yi kuka ba. Nas ɗin ɗakin gaggawa ta samu a kan hatsarin mota da keɓe cuta mai yaɗuwa. A bar kaɗan na kowa da kowa, kamar wanke hannu da ladabin magana da majinyaci, wanda shi ma jama'a sun daɗe suna kuka da mu a kansa.

Na huɗu, kada a ba da takarda don an zauna. A ba da ita don an nuna. Wadda ta ce ta koyi amfani da jakar hura wa jariri iska, ta ɗauka ta yi a gaban mai koyarwa. Wanda aka kama yana sayar da takarda ko rubuta sunan wanda bai zo ba, lasisinsa ya amsa.

Na biyar, a bayyana lissafi. Kwamitin da ke shirya bitar a jiha ya riƙa faɗa wa ma'aikata duk shekara nawa aka tara, me aka yi da shi. Rashin wannan ne ya haifi zargin da Malam ya gina makalarsa a kai, kuma zargin ba zai mutu ba sai an ga lissafi a rubuce.

Malam, kana da alƙalami mai kaifi, kuma ƙannenmu suna sauraron ka. In ka ci gaba da kiran a soke, hukumar ba za ta soke ba, don duniya duk ta tafi a kan wannan hanya, kuma abin da za a samu shi ne ƙarin masu zuwa bita da fushi su sa hannu su fita. In kuwa ka juya alƙalamin ka tambayi ma'aikatar lafiya me ya sa ba ta biya, ka tambayi masu asibitocin kuɗi me ya sa ba sa saki, ka tambayi reshen Kaduna na ƙungiyarmu ta nas-nas da ungozomomi me ya hana shi sa waɗannan buƙatu a kan teburin tattaunawa, to wannan faɗa ne da za a iya ci, kuma za ka same mu a bayanka.